Ƙofar Sito da Na'ibi Ya Buɗe

Kwamitin gasar badminton ya kori Na'ibi daga aiki, ya kuma janye masa kafala, wato tsaya wa baƙo don ya zauna a ƙasar, saboda ya buɗe ƙofa lokacin da mutum yake mutuwa a ciki. Laifin ke nan, babu wani. Yanzu mutumin da aka haifa a Jidda yana zaune a ɗaki a unguwar Hindawiyya, ba ya iya leƙa titi, don iƙamarsa, takardar izinin zama, ta mutu.

Uban Na'ibi da ƙafa ya taho daga ƙasar Katsina, ya ratsa Sudan, ya sauke farali, ya zauna yana sayar da ruwa. Lokacin da ake rubuta mutane ana ba su takardar zama 'yan ƙasa, tsoho ya ce shi alhaji ne, baɗi zai koma gida, me zai yi da takarda? Baɗin nan ta yi ta zuwa tana wucewa har aka binne shi a Jidda. Ya bar ɗansa baƙo a garin da aka yanke masa cibiya.

Na'ibi ya taso yana dako a siton wani kamfanin jiragen ruwa. A shekarun hamsin ne akawunan kamfanin, Indiyawa da Jawawa 'yan Indonesiya da wasu Turawa, suka ɗaura raga a tsakiyar siton suna buga wani ɗan abu mai gashin tsuntsu da ake kira risha. Wasa-wasa aka sayi kofi, 'yan wasa suka fara tahowa a jirgi daga Karachi da Jakarta da Adan duk shekara. Mudir, wato manajan kamfanin, wanda shi ne shugaban kwamitin, ya zama kafilin Na'ibi, ya ɗora shi a bakin ƙofa.

Aikin ɗaya ne. Risha ba ta da nauyi, iska kaɗan ta karkatar da ita. Don haka da an fara wasa sai a kashe fanka, a toshe tagogi da buhuna, a ja ƙofar ƙarfe a sa sakata. Ba a buɗewa sai alƙalin wasa ya ce an gama. Mudir ya gaya masa ko gobara ce ta tashi, ya jira alƙali. Sauda, matar Na'ibi, takan tsokane shi, ta ce maza na gadin gidajen attajirai, nata mijin iska yake gadi. Shi kuwa sai ya ce ai iskar ce ke kawo mata shinkafa.

Kusan shekara ashirin ana gasar a lokacin sanyi. To, a 'yan shekarun nan hajji ya faɗo cikin sanyi, siton ya cika da akwatunan alhazai, sai kwamiti ya ɗage wasa zuwa tsakiyar zafi. Wanda ya san Jidda ya san abin da ake nufi da rufin kwano a wannan lokaci, ga kuma mutane maƙil, ba taga ba fanka.

Ranar wasan ƙarshe wani ɗan Jakarta ya kara da wani baƙon mudir, wanda kowa ya san shi ake so ya ɗauki kofi. Alƙali shi ne Abdulghaffar, wani dattijon akawu ɗan Karachi, wanda kullum in zai hau doguwar kujerarsa yakan bar wa Na'ibi ajiyar takalmansa. Kujerar nan ta kusa rufi, inda zafi ke taruwa. Idon kowa na kan risha. Na'ibi kaɗai, da bai damu da wasan ba, ya ga kan dattijon ya langaɓe, bakinsa ya karkace, hannunsa yana lilo a gefen kujera.

Ya kira sunan dattijon, tafi ya haɗiye muryar. Ya dubi mudir a layin gaba, bai ga komai ba sai ƙeyarsa. Ya san abin da ke cikin aljihun mutumin nan: zamansa, da na Sauda, da makarantar 'yarsu Rabi'atu. Ya tsaya riƙe da sakata, yana jiran alƙali ya ce an gama, alhali alƙalin ne ke zamewa daga kujera. Ba jarumi ba ne, shi da kansa yakan faɗa. Tsoro biyu ne suka taso masa, na mudir da na tsayuwa gaban Allah da ran mutum a wuya, na biyun ya fi ƙarfi. Ya zare sakata.

Iskar teku ta shigo, ta ɗauki rishar baƙon mudir ta yar a wajen layi. Aka yi ca a kan Na'ibi. Sai da ya kutsa ya tare dattijon a kafaɗa kafin a lura da abin da ya faru. Abdulghaffar ya rayu, amma harshensa ya shanye, 'ya'yansa suka mayar da shi Karachi. Baƙon mudir ya ce hankalinsa ya watse, ya sha kaye.

Washegari mudir ya kira shi. Na'ibi ya fara bayani, ya ce, "Ya ammi, mutum ne zai mutu."

"An ce maka kai likita ne? Halas, an gama. Nemi wani kafilin."

Wa zai ɗauki mutumin da aka yaɗa cewa Jawawa sun saye shi? Ya zaga unguwar Bani Malik, ya zaga kasuwa, kowa ya ce sai an duba. Iƙama ta ƙare. Tun daga nan in mota ta tsaya a bakin lungu sai ya miƙe, ya manne da bango. Ya daina zuwa babban masallaci. Ranar da aka kwashe wani maƙwabcinsa da tsakar rana, da ledar burodi a hannu, Na'ibi ya wuni bai ci komai ba. Sauda ce ke fita tana soya waina, Rabi'atu na tsaye a taga da sunan shan iska. Ya taɓa tambayar matar tasa ko Katsina kusa take da Kano, don in an sauke shi a can ya san inda zai nufa. Ba ta sani ba ita ma. Ta ce, "Baban Rabi'atu, ka daina wannan magana a gaban yarinya."

A wajen kuwa an mayar da abin raha. A walimar kwamiti, in ana ba da tarihin gasa, ana lissafa waɗanda suka ɗauki kofi, sai a zo kan shekarar da wani Takari ya shigo da teku cikin fili, a yi dariya. Sunan Abdulghaffar ba ya fitowa. Ba a kuma faɗin wanda ya kai wasa cikin zafi.

Ku 'yan kwamiti, ku kuka ɗage wasan, ku kuka toshe tagogin, kuna zaune a layin gaba lokacin da aka fitar da dattijon nan a kafaɗa. Ba a ce ku ba Na'ibi kofi ba, ba ya ma son aikinku. Hajji ya kusa, kun san bayan sa ake shiga lungu-lungu ana kwasar mutane. Abin da ake nema shi ne mudir ya tashi da ƙafarsa ya je ofishin jawazat, na shige da fice, ya sa hannu a sabunta iƙamar mutumin nan, kafin alhazai su watse.