Hannun Huraira

Huraira ta Tudun Ƙofa mai fura ce, kuma duk Keffi ba wanda ya taɓa jin sunan ɗanta na fari a bakinta. Sunansa Mijinyawa, amma ita don kunya sai dai "wancan". In ya shigo tsakar gida, a lokacin ne take tuna tukunya na neman wuta.

Shekarar da motoci suka koma hannun dama, wancan ɗin ya dawo hutu daga makarantar koyon aikin asibiti a Jos, duk ya rame. Ashe ya faɗi jarrabawa, in ya ƙara faɗuwa korarsa za a yi. Wai so ake ya haddace kowace tsoka ta jikin mutum, inda ta taso da ƙashin da ta kama. Mu dai tsoka a miya muka san ta. Ya karanta a littafi ya mance. Ya duba nasa hannun, luɓus, hannun riƙe biro. Ya je duba na Rasaki makanike, ya tarar kitse ya rufe komai.

Huraira kuwa daka ya fito mata da kowace jijiya. In ta ɗaga taɓarya, tsokar damtsenta ɗaya bayan ɗaya take bayyana. Ta lura yaron na satar kallo daga zaure, leɓensa na motsi, da ta ɗago sai ya sunkuya. Shi ba zai roƙa ba, ita ba za ta kira shi ba. Maƙwabta har sun fara cewa ko yunwa ce, a ƙara masa fura.

Rannan da hantsi ta shiga ɗaki, ta saki asabari, ta zuro hannu waje har kafaɗa. Ta dubi kaji ta ce, "Hannun nan ya dame ni da ciwo. In akwai mai karatun asibiti a gidan nan, ya duba."

Wancan ya zo ya durƙusa da gawayi, yana zanawa a fatarta yana kiran wasu sunaye kamar na aljanu. Ya ce a lanƙwasa, hannu ya lanƙwashe. Ciwon ya koma hagu, ya gangara ƙafa, bai tashi warkewa ba sai da hutu ya ƙare.

Da labari ya zo ya ci jarrabawa, mata suka cika gida da barka. Huraira ba ta fasa dama fura ba. Ta ce ita dai abin da ta sani, wancan ya ƙarar mata da sabulu, kuma ko tausar ma bai iya ba.