Waris, wanda ba ya rufe ƙofa

Allah ya jiƙan Waris. Duk wanda ya zauna a unguwar Dengfeng, cikin birnin Guangzhou na ƙasar Sin, a shekarun can ya san ɗakinsa, domin shi kaɗai ne ba a taɓa ganin ƙofarsa a rufe ba, ko ana ruwa ko ana sanyi.

Iyayensa 'yan zangon Kumasi ne, amma a Monrovia aka haife shi. Da yaƙi ya ci birnin, aka shiga bin Musulmi gida-gida, sai shi da ƙaninsa Musa suka ɓuya a cikin wani jirgin ruwa mai ɗaukar katako, ba su ma san inda ya nufa ba. Aka rufe musu murfin ƙarfe a kai. Ruwan shansu ya ƙare, Musa ya cika yana jingine da kafaɗarsa, kuma babu wurin motsawa tsakanin gumaguman. Haka Waris ya zauna da gawar har wani tsohon kuku ɗan Sin ya ji nishinsa. Shi ya ciyar da shi a ɓoye, da jirgin ya iso Guangzhou ya fitar da shi tasha cikin 'yan dako.

Alhaji Tankari, ɗan kasuwa daga Maraɗi, ya tsince shi a bakin masallaci ya ba shi aikin ɗaure dilar tufafi a shagonsa na kasuwar Canaan. Hannu gare shi, ga tsokana. Alhaji kan ce masa ɗan zango mai gurguwar Hausa, shi kuma ya ce ai gara gurguwa da wadda Faransanci ya cinye rabinta. Takarda dai ba shi da ita, ta Ghana ko ta Laberiya.

Wata azahar a 1999 labari ya zo cewa 'yan sanda sun tare ƙofofin kasuwa suna duba fasfo. Babu hanyar fita. A bayan shagon akwai wani ɗan sito marar taga mai ƙofar ƙarfe. Alhaji ya nuna masa. Waris ya dubi duhun, gumi ya keto masa, ya ce ko dai a bar ƙofar a ɗan buɗe.

“Ƙanena, in sun gan ta a buɗe za su leƙa. Daure mini.”

Ya shiga, aka sa kwaɗo.

Da farko ya riƙe salati. Yana jin takalma suna matsowa shago bayan shago, har suka tsaya a nasu. Ya ji Alhaji yana dariyar dole, yana cewa meyo da Sinanci, wato babu kowa, yana miƙa musu shayi. Suka zauna. Zafi ya taru, warin sabon yadi ya toshe masa hanci. Can sai wata dila ta zame daga sama ta kwanto masa a kafaɗa, da nauyi, da laushi. Ya ture ta, ta dawo. Salatin ya kuɓuce masa. Bai san lokacin da ya fara dukan ƙofa yana kiran Musa ba.

'Yan sandan sun riga sun miƙe za su tafi. Babbansu ya juyo. Maƙwabcin shago ya yi wuf ya ce kaya ne suka zube, kuma da Alhaji ya yi shiru, mai yiwuwa da sun wuce. Amma dukan bai tsaya ba. Alhaji ya zaro makulli, ya buɗe.

Waris ya fito da rarrafe, ya zauna a ƙasa yana haki. Da aka kama hannunsa bai yi gardama ba. Ya dubi Alhaji, wanda hawaye ya wanke wa gemu.

“Yaya, na yi ƙoƙari. Ka yafe mini.”

Bayan watanni a tsare aka mayar da shi Ghana, ƙasar da bai taɓa gani ba. A sansanin 'yan gudun hijira kusa da Accra zazzaɓi ya ɗauke shi, kafin kuɗin motar da Alhaji ya aika don ya tafi Kumasi neman dangi su isa hannunsa. Allah ya sa ya huta.