Muryar Firmin Mai Fito

Ernestine ba ta taɓa barin bakin kogin Creuse ba. Nan aka haife ta, nan ta auri Firmin mai fito, nan ta tsufa tana wankin zannuwan mutane har yatsunta suka ƙandare. Mijin nata ba mai magana ba ne, amma in an ƙwala masa kira daga ƙetare, yakan amsa da wata irin "Ho-ho!" da har agwagi ke watsewa.

Wata bazara wani ɗan Paris ya zo da kyamara, wai zai yi gajeren fim a kan mutanen kogi. Ya sa Firmin, bawan Allah, ya yi ta amsa kiran da babu mai yi, har muryarsa ta dushe.

Daga baya aka gina gada, fito ya mutu, Firmin ma bai daɗe ba ya bi shi. Fuskarsa kam tana nan, ga hoton aurensu a kan kabad. Muryar ce ta ɓace wa Ernestine. Takan rufe ido ta neme ta, ta rasa, kuma wannan ya fi mutuwar ci mata rai.

Ranar da za a nuna fim ɗin a ɗakin taron ƙauye, ta ɗauko rigarta ta zuwa coci.

"Ke tsohuwa, zance za ki?" in ji Clémence maƙwabciyarta. "Da ransa ma ba ki yi masa wannan kwalliya ba."

"Rufe min baki. Ji zan je yi, ba kallo ba."

Aka ja labule. Ga kogi, ga mata suna wanki. Sai ga Firmin a jirginsa, ya ɗaga kai, ya buɗe baki. Abin da ya fito kiɗa ne, da muryar wani ɗan birni yana bayanin irin daɗin da mutanen kogi ke ji.

Da aka tashi ta tare mai injin nuna fim ɗin.

"Ɗana, sake sa shi, ka ƙara sautin. Ban ji mijina ba."

"Iya, kyamarar ba ta ɗaukar murya. A Paris aka ɗora wannan."

"To ina suka kai tasa?"

"Ba su kai ta ko'ina ba. Ba a ɗauka ba ne."

Washegari ta gangara tsohuwar mashigar fito, ta dubi ƙetare, ta ƙwala kira iya ƙarfinta. Wata motar madara ta wuce a kan gada.