Ina Cikin Takaba Wayar Wuta Ta Ratsa Filina

A lokacin da abin nan ya same ni, ina sayar da busasshen kifi a kasuwar Baga Road, muna zaune gidan haya a Umarari, ni da mijina da yaranmu. Da ribar kifin na sayi fili a bayan gari, ba gado ba ne, ba kyautar miji ba. Har na sa an aza harsashin ɗaki biyu. Burina kawai yarana su tashi a gidan kansu.

Sai Allah ya yi wa mijina rasuwa, na shiga takaba. Ina ciki bulama, wato mai unguwar da filin yake, ya aiko cewa za a wuce da babbar wayar wuta ta wajen, ma'aikata za su zo, kowa ya tsaya a kan filinsa. Na ɗauki mayafi ke nan ƙanin mijina ya tare ƙofa. Yaron da kusan a hannuna ya girma, wanda in na gama tuwo shi nake fara zuba wa. Ya kira ni Yaya cikin ladabi, ya ce me dangi za su ce in aka ga mai takaba a tsakiyar maza tun ƙasar kabari ba ta bushe ba, shi zai je a madadina. Wallahi har addu'a na yi masa. Ya dawo ya ce dubawa kawai suka yi, ba a yanke komai ba.

Abin da ban sani ba, duk wanda suka tarar a tsaye kan fili, bulama ya shaida shi, shi ake ɗauka hoto a rubuta a matsayin mai shi. Bulama kuwa ƙanin mijin nawa ya saba gani, don shi nake turawa duba magina.

Da na fita takaba na je, na tarar da ƙafar dogon ƙarfen wayar wuta a tsakiyar ɗakin da na ware wa 'yan matana. Wani ma'aikaci ya ce mini ba a gini a ƙarƙashin wayar nan, har abada, kuma an riga an biya mai filin diyya. A ofishinsu suka nuna mini hoton: ga shi a kan bulona, yana murmushi, da hular marigayi a kansa. Ban taɓa jin an ci amanata kamar ranar ba.

Daga baya wata lauya ta gaya mini haƙƙina ne a sanar da ni, in faɗi ƙorafina, a biya ni, kuma ko wakili zan tura sai da sunana. Malaminmu ma ya ce takaba ba ta hana mace fita da rana don larura. Dangi kuwa suka taru a kaina, wai in yi haƙuri, ba a kai baffan yara kotu. Ko mutum ɗaya bai ce masa ya ji tsoron Allah ba. Na kai shi kotun, har yau muna zarya, har yau muna haya.

Na gane kunyar da ta zaunar da ni ba addini ba ce, tsoron bakin mutane ne. 'Yan uwana mata, ku tambayi malami, ku tambayi lauya, tun ba a kafa ƙarfe ba. Ranar da aka ce mai fili ya tsaya a kan filinsa, ki je ki tsaya da ƙafarki, ko da kina kuka ne.