Ragnhild, Wadda Ta Hana Ni Barin Fim

Ranar Talata, 11 ga Maris, da hantsi, ina kwashe dusar ƙanƙara a ƙofar gidana a Umeå, a arewacin ƙasar Sweden, wayata ta yi ƙara. Ɗiyarki Tyra ce. Ta ce, "Sixten, Mama ta cika." Na daɗe a tsaye da shebur a hannu, na rasa inda zan ajiye shi.

Ragnhild Söderqvist, shekara arba'in da ɗaya kika yi kina sharhin finafinai, da farko a rediyo a Luleå, daga baya a talabijin. Da kika koma Stockholm, manyanki suka ce ki gyara karin harshenki na 'yan arewa, wai bai dace da allo ba. Kika ce musu da shi mahaifiyarki ta rene ki, kuma ba ta taɓa kasa fahimtar da kowa ba. Haka suka haƙura.

Ni kuwa da zafi muka fara. Fim ɗina na farko ya fito ina ɗan shekara ashirin da tara, kika ce a rediyo, "Wannan saurayi ya kwashe awa biyu yana nuna mana ƙanƙara, sai ka ce ba mu da taga a gida." Duk gari ya yi dariya. Na tattara kayana na koma ƙauyenmu, na nemi aiki a masana'antar katako inda babana yake, na rantse ni da kyamara har abada.

Bayan sati uku sai ga ki kin sauko daga bas, riƙe da ledar burodin kirfa. Kika zauna a kicin ɗin mahaifiyata, ta zuba miki kofi, ni ina tsaye na haɗe rai.

Kika ce, "Zauna mana, ai ba cizo na zo yi ba. Akwai minti shida a fim ɗin nan, inda tsohuwa take wanke wa mijinta marar lafiya kai. Sau uku na koma sinima saboda su. Sauran duk don ka burge 'yan Stockholm ka yi."

Na ce, "To me ya hana ki faɗi haka a rediyo?"

Kika ce, "Son a yi dariya ne ya rinjaye ni. Na yi kuskure." Ranar Juma'ar da ta biyo baya kika maimaita wannan magana a shirinki, kowa yana ji. Finafinai tara na yi bayan nan. Huɗu kika yaba.

Shekara biyu da suka wuce shanyewar ɓarin jiki ta ɗauke miki magana. Ban taɓa ganin abin da ya karya min zuciya ba kamar bakinki yana motsi, kalmar ta ƙi fitowa. A watan jiya na kai miki sabon fim ɗina gidan jinya. Kika kalla har ƙarshe, kika jawo takarda da hannun hagu kika rubuta, "Ya yi tsawo." Sannan kika riƙe hannuna kika ƙi saki. Na yanke minti goma sha ɗaya. Ranar Alhamis ta makon da kika rasu na shirya kawo miki shi. Yanzu ban san wa zan tambaya ko ya isa ba.

Allah Ya ji ƙanki, Ragnhild, Ya yafe miki kurakuranki, Ya ba ki hutu. Ina miƙa ta'aziyyata ga mijinki Evald, wanda bai taɓa fashin zuwa wurinki ko na kwana ɗaya ba, da Tyra da jikokinki biyu. Allah Ya ba su haƙuri, ni ma Ya ba ni.