Ƙarfen Hashimu

Shekara goma sha huɗu Hashimu yana gyaran tiyon ruwa a Arlit, amma a takardun kamfanin ruwa bai taɓa cika shekara guda ba. Wata goma sha ɗaya ake rubuta masa. A na sha biyu ya mai da rigar aiki da dogon ƙarfen buɗe ruwa, ya zauna gida, sannan a sake ɗaukarsa kamar yau aka fara ganinsa. Haka ake yi musu su ashirin da uku, don kada doka ta ce sun zama ma'aikatan dindindin.

Mutumin Mirya ne. Neman aikin ma'adini ya kawo shi arewa, bai samu ba, ya faɗa aikin ruwa. Ya san inda kowane tiyo ya bi ƙarƙashin rairayi, har waɗanda taswirar ofis ta manta. Don haka ko a watan zaman gida, in ruwa ya fashe, ƙofarsa ake bugawa. Tun shekara ta biyu ya kai wa maƙeri tsohon ƙarfen mota, aka ƙera masa nasa mabuɗin. Shef, shugabansu a wurin aiki, ya sani, shi ma yakan kira shi ta waya.

Da suka kai ƙara, kamfanin ya tsaya kan magana ɗaya: kowace shekara aikinsu yana yankewa. Lauyarsu, Zinatu, ta zaunar da Hashimu kafin ranar shari'a.

"Baba Hashimu, ƙarfen nan zai nuna aikinku bai taɓa tsayawa ba. Amma za su ce ka taɓa kayan gwamnati ba izini. Kana iya rasa har wata goma sha ɗayan."

Abokin aikinsa Amastan ya yi dariya. "Ɓoye shi, Bahaushe. Ka ce sandar kiwo ce, ni na ba ka."

"Kai da ka bar awaki don ka kasa kiwon, wa zai yarda?" in ji Hashimu.

Bai ɓoye ba. Ranar Talata ya shigo kotu da shi naɗe cikin buhu, sai da ɗan sandan ƙofa ya kwance ya duba. Lauyan kamfani ya tambaye shi ko ya san cewa a watan Afrilun bara ba shi da takardar aiki.

"Na sani."

"Wa ya ba ka izinin rufe babban tiyon da ke bayan likita?"

"Wanda ya kira ni. Lambarsa tana cikin wayata, in alƙali yana son gani. Ruwa yana malala, marasa lafiya ba su da na sha. In ce masa ya jira watan gobe?"

Alƙali ya karɓi wayar ya daɗe yana dubawa. Ya tambayi sauran ko su ma ana kiransu. Mutum goma sha bakwai suka ɗaga hannu.

Bayan sati shida kotu ta ce aikin bai yanke ba, a tabbatar da su. Kamfanin ya ɗaukaka ƙara. Da wata ya kama aka sabunta wa ashirin da biyu takarda, ban da Hashimu. Dalilin da aka rubuta layi ɗaya ne: amfani da kayan aiki ba bisa ƙa'ida ba.

Wani daga ofis ya same shi a gida, ya ce in ya rubuta neman afuwa ya cire sunansa daga ƙarar, za a duba. Matarsa Bara'atu tana tankaɗe a tsakar gida, ta tsaya tana saurare.

"Ka gaida shef," in ji Hashimu. "Ka ce masa sunana ne na farko a takardar, nan zai zauna har a gama."

Da baƙon ya fita, Bara'atu ta ce, "Malam, ko ruwa ba ka bari an kawo masa ba."

"Ya koma ofis ya sha."