Dakalin Malam Garzali

Malam Garzali mai zanen gine-gine ne a wani ofishin ayyuka na Kano, shekarun da aka fara yanka filaye a Gyadi-Gyadi. Mutum ne siriri mai taurin kai, aƙidarsa ɗaya tal: unguwar da babu wurin zama a gaisa, ko da bulo aka gina ta, kango ce. Duk zanen da ya bi ta hannunsa sai ya cusa dakali da bishiya. Baturen ofis ya goge, shi kuma ya mayar.

Da ya sami fili nasa, sai ya ce yau zai nuna wa duniya. Ya gina dakali a ƙofar gida, faffaɗa, mai majingina, a inda inuwar durumi take sauka bayan azahar.

Abin ya yi kyau har ya wuce gona da iri. Wanzami ya tare a kai. Callistus tela ya kawo keken ɗinkinsa. Masu dara suka haƙa gurabe a gefe. Wani Baba Kabo kuwa tun daga Tarauni yake takowa, wai bayansa ba ya yarda da kowane dakali sai wannan.

To, a ƙasar nan ba a fito da tuwo gaban mutane a ci a bar su da kallo. Kwanon maigida ya zama na unguwa. Matarsa Saudatu ta koma girki kamar kullum suna ake yi, shi kuma Garzali sai ƙara ramewa yake yana murna.

Ran nan ta ɗaure kayanta.

"Malam, ko ni ko dakalin nan. Ban auri Gyadi-Gyadi ba."

Garzali yana son dakalinsa, amma ya fi son Saudatu. Da safe ya ɗauki diga, zuciyarsa na ciwo, ya kai sara ɗaya. Baba Kabo ya riƙe masa hannu.

"Haba Malam, muna zaune ka yi aikin ƙarfi? Kawo."

Suka karɓe digar, kowa ya sa hannu, har da waƙa. Kafin rana ta take, dakali ya zama ɓaraguzai. Sai suka wanke hannu, suka jeru a kan ɓaraguzan suna kallon zaure, don kowa ya san masu gayya ba sa tafiya da yunwa.

Saudatu ta leƙo ta daɗe tana dubansu. Ga Baba Kabo a takure kan ɓallin ƙasa, yana dafe da baya, bai ko yi niyyar tashi ba. Tausayi ya kama ta, haushi kuma bai sake ta ba. Ta kwance kayanta ta ɗora tukunya.

"Gina musu abinsu," ta ce wa mijin. "Amma daga gobe kowa ya zo da kwanon gidansu. Ban da tsohon nan, shi ba shi da mai dafa masa."